Kowane Littafi Yana Nuna Ƙofar Wani

  

A mafi yawan gidajenmu littattafai iri biyu ne ake samu. Akwai waɗanda ake ajiyewa can sama don girmamawa, wato Alƙur'ani mai girma cikin gafakarsa, da Ahalari, da Arba'una Hadisi, da littafin addu'o'i. Akwai kuma waɗanda ke cikin jakar yara ta makarantar boko, waɗanda ake buɗewa don jarrabawa, a rufe su ranar da aka ba da hutu. Tsakanin waɗannan biyu akwai fili mai faɗi, inda tarihi da labaran tafiye-tafiye da rayuwar magabata da ƙagaggun labarai da ilimin halittu ya kamata su zauna, amma a gidaje da yawa filin nan wayam yake. Ita kuwa zuciyar yaro ba ta zama babu abin da take ci. Idan gida bai ba ta ba, wayar salula za ta ba ta, kuma waya ba ta tambayar shekarun mai riƙe da ita.

Iyaye da yawa sun san da haka, kuma suna da niyyar gyarawa. Abin da ke tsayar da su tambaya ce guda: wane littafi za a fara da shi, kuma idan an gama shi, wanne ne zai biyo baya? Mahaifin da bai saba karanta komai ba sai littattafan addini da takardun aiki, idan ya tsaya gaban mai sayar da littattafai sai ya rasa ta cewa, ya ɗauki wanda bangonsa ya fi kyau, ko ya juya hannu rabbana. Amsar da wannan fili ke son bayarwa yau ita ce, hanyar gano littafi na gaba tana cikin littafin da ke hannunka, kuma kakanninmu sun daɗe da sanin wannan hanya.

Mu dubi makarantar zaure. Ɗalibin da ya sauke Alƙur'ani ya shiga karatun ilimi ba ya yawo cikin kasuwa yana neman abin da zai karanta. Yana farawa da Ƙawa'idi, ya shiga Ahalari, daga nan Ishmawi, sai Iziyya, sai Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani, sai Askari, har Allah Ya kai shi Muhtasar na Shaihu Halil. Kowane littafi yana shirya shi don na gabansa, kuma malami na zaune yana lura da lokacin da ya isa ya hau mataki na gaba. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ma littafi guda ya rubuta, mai suna Ida'un Nusuhi, don ya lissafa malaman da ya yi karatu wajensu da littattafan da ya karanta a gaban kowannensu. Wanda ya karanta wannan ɗan littafi ya sami taswirar abin da malamin ƙasar Hausa yake karantawa shekaru fiye da 200 da suka wuce.

Tun kafin wannan, a birnin Bagadaza, wani mai sana'ar kwafar littattafai da sayar da su, Ibn Nadim, ya kammala Fihrisa a shekarar 377 ta Hijira, daidai da 987 Miladiyya. Ya raba littafin kashi 10, ya jera sunayen littattafan da ya gani ko ya ji labarinsu da harshen Larabci, tare da marubutansu. Ya fara da harsuna da rubuce-rubucensu da ilimin Alƙur'ani, ya bi ta nahawu da tarihi da waƙa da fiƙihu da hadisi, ya shiga lissafi da likitanci, kuma a kashi na takwas ya ambaci littattafan hira da tatsuniyoyi. Ashe ke nan Musulmin wancan zamani yana ganin karatu gona ce mai faɗi wadda kowane irin iri yake da kunyarsa a ciki. Abin da ya rage gare mu shi ne mu ɗauki dabarar zaure mu yi aiki da ita a sauran fannoni. Duk littafin da aka gama a gida, a yi masa tambayoyi uku.

Tambaya ta farko: daga ina marubucin ya ɗebo ruwansa? A shekarar 1933 Hukumar Fassara ta Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ta sa gasar rubuta ƙagaggun labarai da Hausa. Daga wannan gasa aka sami Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na wansa Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, kuma a jerinsu aka buga Jiki Magayi na John Tafida da shi East ɗin. Yaron da ya sha dariya da wasan ƴar ɓuya tsakanin Alhaji Imam da Malam Zurƙe a Ruwan Bagaja, ya dace a gaya masa cewa irin wannan tsari na wayayyen mutum mai sauya kama, wanda ake ta karo da shi gari bayan gari, yana nan cikin Muƙama ta Hariri, malamin Basra da ya rasu a 1122. Wanda kuma ya karanta Magana Jari Ce, wadda ta fito cikin littattafai uku daga 1937 zuwa 1939, akunsa mai ba da labari zai kai shi ga Dare Dubu da Ɗaya, ya kai shi ga Kalila wa Dimna, wadda Ibn Muƙaffa ya mayar Larabci daga Farisanci a ƙarni na 8, asalinta kuwa daga ƙasar Indiya. Ka ga littafi ɗaya na Hausa ya buɗe ƙofa zuwa ƙasashe uku.

Tambaya ta biyu: abin da labarin ya faɗa, ya taɓa faruwa kuwa? Wannan ita ce gadar da ke ɗaukar mai karatu daga ƙagaggen labari zuwa tarihi. Shaihu Umar labarin yaro ne da bauta ta raba shi da mahaifiyarsa, ita kuma ta bi sawunsa har ƙetaren hamada. Ƙirƙira ce, amma ga na gaskiya kusa da mu. Dorugu, yaro Bahaushe daga yankin Kance a ƙasar Damagaram, an kama shi yana ƙarami aka sayar da shi Borno, daga baya aka ƴanta shi, ya bi Bajamushen nan matafiyi Heinrich Barth har Tumbutu, sannan ya isa Ingila a 1855. Wani mai nazarin Hausa, J. F. Schön, ya rubuta labarinsa daga bakinsa, aka buga cikin Magana Hausa a 1885. Daga Dorugu sai mai karatu ya so sanin abin da shi Barth ya rubuta game da Agadas, wadda ya shiga a 1850. Daga Barth kuma sai ya koma baya shekaru 500 ga Ibn Baɗuɗa, wanda ya ziyarci daular Mali a 1352, ya bi ta Takedda, garin tagulla da ke yammacin Agadas, a 1353.

Haka abin yake ga Sarraounia, littafin da Abdoulaye Mamani ya fitar da Faransanci a 1980, wanda Med Hondo ya mayar fim a 1986, fim ɗin ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1987. Yaƙin Lugu, kusa da Dogon Dutsi, ya faru da gaske a 1899, lokacin da rundunar Voulet da Chanoine take ƙona garuruwa tana karkashe mutane a kan hanyarta ta zuwa Tafkin Cadi. Sai dai marubucin labari yana da ƴancin ƙara gishiri, kuma Mamani ya ƙara abubuwa daga tunaninsa. Saurayi ko budurwar da suka karanta shi, a miƙa musu Histoire du Niger na André Salifou, wanda ya fito a 1989, su gwada abin da marubuci ya ƙaga da abin da masanin tarihi ya tabbatar. Ɗan Damagaram ya nemi littafin Salifou na 1971 a kan sarautar Damagaram a ƙarni na 19. Ɗan Adar da ɗan Abzin su nemi rubuce-rubucen Djibo Hamani. Wanda yake da Larabci ya buɗe Infaƙul Maisur, wanda Muhammadu Bello ya rubuta a 1812, ya tuna cewa mahaifinsa, Shehu Usmanu, a Maratta aka haife shi a 1754, cikin ƙasar da ake kira Nijar a yau. Yaron da ya koyi gwada littafi da littafi tun yana ƙarami, ba zai yi saurin gaskata kowane saƙo da aka turo masa a waya ba.

Tambaya ta uku: wa kuma ya yi rubutu a kan wannan damuwa a wani wuri? Gidajenmu sun yi sa'a da harsuna. A gida guda sai ka sami mai karanta Hausa, da mai Faransanci, da mai Larabci, wani lokaci har da mai Ingilishi. Damuwar uban da yake tsoron kada boko ta raba ɗansa da allo ita ce zuciyar L'Aventure ambiguë na Cheikh Hamidou Kane, ɗan Senegal, wanda ya fito a 1961. Labarin Samba Diallo ne, almajirin da aka ɗauke daga gaban malaminsa aka kai makarantar Turawa, har ya isa Faransa. Uba da ɗa za su iya karanta shi tare su yi mako guda suna muhawara, sannan su ɗora da Amkoullel, l'enfant peul na Amadou Hampâté Bâ, na 1991, inda dattijon na Mali ya ba da labarin ƙuruciyarsa ta gaskiya tsakanin makarantun nan biyu.

Ga iyaye mata kuma akwai zare mai tsawo. Une si longue lettre na Mariama Bâ, na 1979, wasiƙa ce da wata mata take rubuta wa ƙawarta tana cikin takaba, tana waiwayen aurenta da kishiyar da aka yi mata bayan shekaru masu yawa. Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu, na 1990, ya ɗauki kusan wannan ciwo a cikin gidan wani ɗan kasuwar Kano, har aka fassara shi da Ingilishi aka buga a Indiya a 2012. Les Impatientes na Djaïli Amadou Amal, ƴar Marwa a arewacin Kamaru, ya ci kyautar Goncourt ta ɗaliban lise a Faransa a 2020, yana magana a kan auren dole da haƙurin da ake ɗora wa mace. Ba dole ne mai karatu ya yarda da duk abin da waɗannan marubuta suka faɗa ba. Amma matar da ta karanta su uku za ta ga cewa abin da take tsammani na unguwarsu ne kawai, ana fama da shi daga Dakar har Marwa, namijin da ya karanta su kuma zai ji abin da ba a faɗa masa a zaure. Wadda take son na gaskiya ta nemi Baba de Karo, tarihin rayuwar wata tsohuwa Bahaushiya da Mary Smith ta rubuta daga bakinta, aka buga da Ingilishi a 1954, da Faransanci a 1969. Ta kuma nemi labarin Nana Asma'u ƴar Shehu, wadda ta rasu a 1864, da jajis ɗinta masu kai karatu ga matan ƙauye.

Kada a manta da fannin halittu da lafiya, domin shi ne ya fi ƙaranci a gidajenmu. Yaron da ya ji daɗin Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, na 1969, labarin tafiya sararin sama, zai yi tambaya a kan taurari, sai a nema masa Ikon Allah na East da Imam, wanda ya yi bayanin halittu da Hausa mai sauƙi. A gaya masa kuma cewa Abdou Moumouni, wanda jami'ar Yamai take ɗauke da sunansa, masanin kimiyya ne da ya yi fice a binciken makamashin hasken rana, kuma ya rubuta littafi a kan ilimi a Afirka a 1964. Littafin kula da lafiya irin Là où il n'y a pas de docteur ya cancanci wuri a kowane gida, ko da yake ba ya maye gurbin zuwa asibiti.

Nan wani ɗan'uwa zai ce: ai ƙagaggen labari ƙarya ce, yaya za a sa ƴaƴan Musulmi su ɓata lokaci a kan ƙarya? Tambaya ce mai nauyi, kuma ta cancanci amsa cikin natsuwa. Ƙarya ita ce ka faɗi abin da bai faru ba don a ɗauka ya faru. Mai rubuta labari da mai karanta shi duk sun san misali ake bugawa, kamar yadda kaka da jikokinta suka san Gizo bai taɓa auren Ƙoƙi ba. Muƙama ta Hariri labarai 50 ne ƙagaggu, kuma malamanmu na zaure sun yi ƙarnoni suna karantar da ita don sanin lugga. Abin dubawa shi ne abin da labarin yake shukawa a zuciya. Gaskiya ne cewa cikin littattafan soyayya da suka yawaita a kasuwar Kano tun daga ƙarshen shekarun 1980 akwai na banza, kuma cikin waɗanda ake yaɗawa yanzu ta WhatsApp akwai waɗanda ba su dace da yaro ba sam. Haka nan cikin littattafan Faransanci. Maganin wannan shi ne matsayin malamin zaure, wato babba ya riga yaro karantawa. Uwa ko uba ko yaya ya duba littafin, in ya ga na manya ne ya ajiye shi sai lokacinsa ya yi, in ya ga ya dace ya bayar, bayan an gama a zauna a yi hirarsa. Hani kawai ba tare da an ba da madadi ba, ƙarshensa karatu a ɓoye ƙarƙashin bargo. Kuma kowane tsari aka yi, Alƙur'ani da karatun farillai su ne gaba, sauran su biyo baya. Cikin jerin ma a sa tarihin Manzon Allah (SAW), kamar Arrahiƙul Mahtum na Safiyyur Rahman Mubarakfuri, wanda ake samu da Faransanci da sunan Le Nectar cacheté.

Saura batun inda za a samo su, tunda kuɗi ba su da yawa. Masu sayar da littattafai a ƙofar masallacin Juma'a sun fi sanin na addini, amma idan ka ba su suna a rubuce sukan sa a kawo daga Kano ko Zariya. Masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a bakin titi, musamman lokacin komawa makaranta, wurinsu ake tsintar littattafan Faransanci da araha, sai dai a duba kada shafuka sun ɓace. Malamin makaranta da ya yi ritaya yakan kasance da akwati cike da littattafai da ba mai tambayarsa, kuma zai yi murna idan an tambaya. Ƴan kasuwarmu da direbobi masu zuwa Kano, Kwatano ko Yawunde, a riƙa haɗa musu da saƙon littafi kamar yadda ake haɗa musu da saƙon atamfa. Ita ma wayar da muke kuka da ita tana da amfani: babban Tarihin Afirka da UNESCO ta wallafa ana iya sauke shi kyauta daga shafinta na intanet, ɗakin karatun ƙasar Faransa ya sa tsofaffin littattafai masu yawa a Gallica, masu Larabci kuma suna da Maktaba Shamila. Amma littafin marubucin da ke raye yana ci da guminsa, a saye shi, domin kwafe shi a raba ba da izininsa ba cin haƙƙi ne.

Akwai kuma dabarar da matanmu suka fi kowa iyawa, wato adashe. Gidaje goma, kowanne ya kawo jikka ɗaya a wata, an sami jikka goma, a shekara jikka 120. A sami akwatin ƙarfe mai makulli saboda gara da ɓera, a ajiye shi a gidan wanda aka amince da shi ko a makarantar Islamiyyar unguwa, da littafin rubutu da za a riƙa sa sunan mai aro da ranar mayarwa. A bayan wannan littafin rubutu a ware shafuka inda duk wanda ya gama littafi zai rubuta layi biyu ko uku: abin da ya samu a ciki, shekarun wanda ya dace da shi, da littafin da ya sa shi marmarin nema. Bayan shekara biyu unguwa ta mallaki ƴar Fihrisarta, wadda ta fi kowane jeri da baƙo zai rubuto mata amfani, domin waɗanda suka rubuta ta sun san masu karanta ta. Wanda bai iya karatu ba ma yana da rabo, idan aka ware rabin sa'a bayan sallar isha'i yaro ya karanta da ƙarfi kowa ya saurara. A shekarar 2025 hukumomin Nijar suka ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, amma harshe ba ya ƙarfi da takardar doka kaɗai, sai an sami gidajen da ake karanta shi, da yaran da za su tashi su rubuta da shi.

Saboda haka, ya ɗan'uwa, kada ka jira sai ka tara kuɗin kabad cike da littattafai. Da rarrafe yaro kan tashi. Ka nemi littafi guda a wannan wata, ko Ruwan Bagaja ne ko wanda ɗanka ya taɓa ambata, ka karanta shi kafin ka miƙa masa. Idan ya gama, ku zauna ku yi masa tambayoyin nan uku, ku rubuta sunan littafin da amsar ta nuna, ku ba direba ko mai shago ya nemo. Umarnin farko da aka saukar wa Annabinmu (SAW) na karatu ne, kuma mu ne za a tambaya a kan abin da muka sa a hannun ƴaƴanmu. Allah Ya ba mu ilimi mai amfani, Ya shirya mana zuriyarmu, Ya sa mu gama da duniya lafiya.